Kofi Uku a Gidan Okka

Litinin, 3 ga Maris, ƙarfe huɗu na yamma

Na gama! Fim ya kammala. Na tashi daga kujerar tacewa ƙafafuna sun yi tsami, na buɗe taga na kwarma ihu, har wata mata mai jan kare ta ɗaga kai ta yi min kallon mahaukaciya. Duba da kyau, baiwar Allah. Marlies Dettmering ke nan, ita ta rubuta, ita ta ba da umarni, ita ta tace da hannunta, kamar yadda ta saba tun gashinta yana baƙi.

Minti casa'in cif, yadda gidan talabijin ke so. Shekara biyar ina zarya daga Hamburg zuwa ƙauyen nan na bakin teku saboda tsofaffi biyu, Okka Freerks da ƙaninta Ubbo. Gida yana kallon gida, titi ne kawai a tsakani, amma sun fi shekara talatin ko gaisuwa ba ta haɗa su ba. Na jira har na gaji da jira, na sha shayin da zai cika rijiya, sai ga ranar da Ubbo ya sa hularsa, ya tsallaka titin, ya ƙwanƙwasa ƙofarta, mu kuma muna ciki da kyamara.

Zaman ya kai minti arba'in, kalmomin da suka furta ba su cika goma ba. Ga abin da na yi da shi. Okka ta jefa dunƙulen sukari a kofi, ta zuba shayi, ta ɗora madara. Ubbo ya ɗaga kofin zuwa baki. Na yanke. Hannun ya sauko, kofi wayam, ya sa cokali a ciki, ya miƙe ya ɗauki hularsa. Arba'in ta koma biyu, kuma ko da tabarau ba mai ganin ɗinkin. Ban taɓa yin yanka mai kyau irin wannan ba, kuma na yi masu kyau da yawa.

Rüdiger, wanda ke riƙe min kyamara tun muna matasa masu kwana da yunwa, ya zo ya kalla. Ya ce, "Ke dai, Marlies, da mutum yana ba kansa lambar yabo, da kin cika kabad." Na ce masa kabad ɗin ai ya riga ya cika, da waɗanda wasu suka ba ni.

Saura sa hannun Okka. Tun da na fara wannan sana'a ba na sa mutum ya sa hannu a takardar izini sai ya ga fim ɗin a game, daga farko har ƙarshe. Kowa ya ce hauka ne, amma har yau ba wanda ya ƙi ni. Ubbo kaɗai ya karya min doka, bara ya fizge takardar ya rattaba hannu, ya ce shi ba shi da lokacin kallon fuskarsa, yana ganinta a madubi kullum kuma ba ta taɓa burge shi ba.

Ranar 5 ga Afrilu za a fara nunawa a silimar Leer, garin da ke kusa da ƙauyen, bayan mako guda kuma a talabijin. Jibi zan kai wa Okka.

Laraba, 5 ga Maris, ƙarfe biyar na yamma, a jirgin ƙasa

Ta kalla duka. Hannayenta a kan cinya, ba ta motsa ba, ko tari ba ta yi ba. Da ya ƙare na fito da takarda da biro ina murmushi, na riga na shirya yadda zan amsa yabo.

Ta ce, "Ba zan sa hannu ba, Frau Dettmering."

Shekara huɗu tana kirana Marlies.

Na ce, "Haba Okka, me ya faru? Wane waje ne bai yi miki ba?"

Ta ce, "Ke kika yi shi. Kin fi ni sani." Ta tashi ta kwashe kofuna, ta juya min baya tana wankewa.

Labulen gidan Ubbo a sauke yake. Yana asibiti a Leer tun makon jiya. Na haɗu da 'yarsa Tomke a bakin ƙofa ta zo ɗaukar masa kaya, ta faɗa min abin da likita ya ce. Ba zan rubuta ba.

Alhamis, 6 ga Maris, da safe

Za ta sa hannu. Kowa yana sa hannu.

Juma'a, 7 ga Maris, ƙarfe biyu na rana

Na gano, ko kuma na zaci na gano. Akwai wani yanki mai tsawo a tsakiyar fim ɗin inda muryata ke ba da labarin abin da ya raba su, abin nan na kan ganuwar teku, wadda ke tare wa ƙauyen ruwa. Hunturu biyu na yi ina rubuta shi, kowace jimla na wanke ta na goge ta. Na ce lalle shi ne ya sosa mata rai. Na kira ta, na ce zan sassauta, zan cire sunan mahaifinsu, zan yi duk yadda take so.

Ta ce, "Wannan ai har kajin garin nan sun sani. Ki bari ko ki cire, ba ruwana."

Na ce, "To mene ne? Wajen da kike kuka a lambu?"

Ta ce, "Na yi kukan, ai ba ƙarya ba ne."

Ta ajiye waya. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na yi fim da ma'aikatan tashar jirgin ruwa da ke son jefa ni a teku, na yi da wani magajin gari da ya haɗa ni da lauyoyi biyu, duk suka sa hannu suna godiya. Sai tsohuwa mai kiwon kaji ce za ta tsaya min a wuya? Za mu gani.

Litinin, 10 ga Maris, ƙarfe uku na yamma

Dole na faɗa wa Lindenau, jami'in gidan talabijin da ke kula da fim ɗin. Ɗan Munich ne, na girme shi nesa ba kusa ba, takalminsa kullum yana sheƙi kamar bai taɓa taka ƙasa ba. Ya zare ido.

"Frau Dettmering, kina nufin shekara biyar babu takarda? Ko guda?"

"Akwai ta Ubbo."

"Ba Ubbo nake tambaya ba! Matar nan tana cikin rabin fim ɗin. Doka ta ba ta iko da hotonta, in ta ce a'a, shi ke nan, an gama."

"Na san doka, Herr Lindenau. Ina yin fim tun kana koyon ɗaura igiyar takalmi."

Ya ce ko za a dusashe fuskarta yadda ake wa masu laifi a labarai. Na yi dariya har sai da ya ji haushi. Ya ce to ranar 21 ga wata zai zo ganin fim ɗin gani na ƙarshe, in babu mafita za su ba wani shirin girke-girke lokacin, silimar Leer kuma ita ma ta tashi. Na fito ina taku da ƙarfi don sakatariyarsa ta ji.

Talata, 11 ga Maris, ƙarfe takwas na safe

Tomke ta kira.

Laraba, 12 ga Maris, da rana

Ban shiga ɗakin tacewa ba. Na bar na'urar a kunne ranar Litinin, kuma na san fuskar wa ke tsaye a kan allon. Na wanke tagogin gidan duka, har na ban ɗaki. Na gyara kabad ɗin kicin. Na toya kek ɗin da ba mai ci.

Alhamis, 13 ga Maris, da yamma

Rüdiger ya zo ya cinye rabin kek ɗin. Da zai tafi ya ce yana da baƙar kwat guda biyu in ina buƙata, ɗaya za ta yi min.

Asabar, 15 ga Maris, ƙarfe shida na yamma, a jirgin ƙasa

Iska ta kusa ɗauke mu a maƙabarta wajen binne Ubbo. Okka ta tsaya can gefe ita kaɗai, ba ta shiga sahun dangi ba, har Tomke ta je ta kamo hannunta tana cewa, "Gwaggo, zo nan mana, nan ne wajenki." Ta zo, amma ba ta ɗaga kai ba.

Bayan nan aka taru shan shayi a zauren coci kamar yadda aka saba. Na zauna kusa da wata maƙwabciyarsu, Gretje Boomgaarden, mace mai kunne kamar faranti. Ta matso ta rage murya.

"Ke da kike da na'ura, faɗa min gaskiya. Wai ya shiga gidanta?"

"Ya shiga."

"Hmm. An dai ce ya shiga. An kuma ce bai ɗumama kujera ba ya fito. Ni ban ce komai ba fa, amma wanda ya san Okka ya san Okka."

Na fita shan iska don kada in zuba mata shayi a cinya. A bakin ƙofa na tarar da Okka tana ɗaura ɗankwali. Na buɗe baki zan yi mata ta'aziyya, ta riga ni.

"Kofi nawa ya sha a gidana?"

Na ce, "Uku."

"A fim ɗinki fa?"

A fim ɗina ɗaya ya sha. Ni da na shekara biyar ina shan shayi a ƙauyen nan, ni da na san baƙo ba ya sa cokali a kofi sai ya sha na uku. Wanda ya sa bayan kofi ɗaya, ko dai gobara ta tashi a gidansa, ko kuma ya faɗa wa mai gida ke nan cewa ba ya son zama da ita. Na san wannan kamar sunana. Amma a kan teburin tacewa ban ga baƙo da mai gida ba, hannu na gani yana hawa, hannu yana sauka, na haɗa su ina yi wa kaina tafi.

Ta ce, "Yanzu ba shi da bakin da zai ce uku ya sha. Ni kuma in na faɗa, za a ce Okka na wanke kanta. Ke kaɗai ce shaidata, ke kuma kin yanke biyu kin zubar."

Na ce, "Ban zubar ba. Suna nan."

Ta dube ni tun daga sama har ƙasa, ta tsaya a kan kwat ɗin Rüdiger da ta yi min yawa a kafaɗa. Ta ce, "To." Ta wuce.

Kunya ta kama ni, na yarda. Amma kafin jirgi ya wuce Oldenburg wani abu ya fara tafasa a ƙirjina. Yanzu na san ciwon, kuma ciwo ne irin wanda hannuna ke warkarwa.

Lahadi, 16 ga Maris, ƙarfe ɗaya na rana

Na shiga ɗakin tacewa, fuskar Ubbo na nan a kan allon. Na ce masa, "Sannu, Ubbo, yi haƙuri na bar ka a tsaye." Na buɗe ɗanyen hoton ranar, na kalli minti arba'in ɗin duka ba tare da na taɓa maɓalli ba. Rabon da in yi haka tun ranar da muka ɗauka.

Kofi na farko, ba wanda ya kalli wani. Kofi na biyu, Ubbo ya ce an yi ruwa da yawa bana, Okka ta ce e. Agogon bango na ta bugawa. Sai na uku. Ta ɗaga butar, hannunta ya kama rawa, murfin yana ƙara, shayi yana neman zuba a kan tebur. Ubbo ya miƙa hannu ya tallabi nata daga ƙasa. Bai karɓi butar ba, don baƙo ba ya zuba wa kansa. Ya dai riƙe hannun yayarsa har kofin ya cika, sannan ya saki.

Wannan na jefar! Saboda a daidai wajen Rüdiger ya gyara tsayuwa, hoton ya ɗan dusashe, ni kuma na wuce shi da gudu na ce ba shi da amfani. Na zauna na yi kukan da ban yi a maƙabarta ba. Da na gama na share fuska, na tashi na taka rawa ni kaɗai a tsakiyar ɗaki. Fim ɗin da na gama ranar uku ga wata mai kyau ne. Wanda zan yi yanzu ya fi shi.

Litinin, 17 ga Maris, ƙarfe huɗu na yamma

Don kowa ya ga kofi uku da idonsa, ba tsalle ba dabara, ina buƙatar ƙarin minti goma sha ɗaya. Casa'in kuwa ba ta miƙewa. Dole wani abu ya fita.

Wuni guda mu uku muna rigima a cikin kai ɗaya. Mai ba da umarni ta ce ba za a taɓa mata guguwar farkon fim ba, don ta kusa mutuwa da sanyi wajen ɗaukarta. Mai tacewa ta yi tsit, ta san ita ta jawo mana. Sai duk suka juya suna kallon marubuciya. Yankin ganuwar teku, da muryata da jimlolina na hunturu biyu, tsawonsa ya yi daidai da abin da ake nema.

Marubuciya ta ce sai dai a bi ta kan gawarta. Aka bi.

Talata, 18 ga Maris, da safe

Na mayar da sakin layi ɗaya. Na sake cirewa.

Laraba, 19 ga Maris, ƙarfe biyar na yamma

Rüdiger ya ga sabon zaman shayin. Da aka zo wajen hannun ya dafe kai.

"Marlies, don Allah ki rufa min asiri. Hoton nan ba shi da kaifi. Abokan sana'a za su ce tsufa ya ci idona."

"Ai ya ci."

"Ki bari in je wajen masu gyara, ko za su ɗan..."

"Ba wanda zai taɓa shi. Shekara nawa kana ɗauko min hotuna masu kaifi da ba wanda ya tuna da su? Wannan ne za a tuna ka da shi, ka gode wa ƙafarka da ta gaji."

Ya ce ni muguwa ce. Sannan ya ce in sake kunna masa, ya juya min ƙeya yana kallo don kada in ga idonsa.

Juma'a, 21 ga Maris, ƙarfe shida na yamma

Yau na ci yaƙi, kuma ina so in rubuta shi dalla-dalla don in riƙa karantawa in na tsufa.

Lindenau ya zo da wayarsa a hannu da gahawa a kofin takarda. Kafin in kunna na faɗa masa abin da na cire da abin da na sa. Ya kusa shaƙewa.

"Kin cire dalilin faɗan? To yaya mai kallo zai san abin da ya raba su?"

"Ba zai sani ba."

"Kuma kin sa minti goma sha uku na mutum biyu suna shan shayi ba magana? A talabijin? Frau Dettmering, mutane suna da rimot a hannu!"

"Su ajiye."

"Saboda kofi? Wa zai ƙirga kofi?"

Na ce, "Duk wanda aka haifa tsakanin Leer da teku. A wajenku in mutum ya sha kofi ɗaya ya tashi, sauri yake yi. A wajensu ya zagi mai gida ne a gaban kowa. Fim ɗina na farko ya ce Ubbo ya zagi yayarsa ya tafi ya mutu a haka. Ƙarya ce, kuma ni na ɗinka ta. Yanzu yi shiru ka kalla."

Na kashe fitila. Wajen guguwa yana duba waya. Wajen lambu yana rubuce-rubuce. Da aka zo shayi ya fara kaɗa ƙafa, ya duba agogo, ya yi tsaki a hankali. A kofi na biyu ƙafar ta tsaya. A na uku wayarsa ta yi ta kuka a kan tebur bai ko waiwaye ta ba, sai da na miƙa hannu na kife masa ita.

Da fitila ta dawo ya daɗe yana goge tabarau. Ya ce, "Me ya raba su ne wai?"

Na ce, "Ka ga? Yanzu kana son sani. Da can da na faɗa maka da bakina, a daidai wajen ka tashi zuwa ban ɗaki."

Ya ce a rage minti biyu, ko don ya samu abin faɗa wa na sama da shi. Na ce ko daƙiƙa biyu. Ya ce ni ce mace mafi taurin kai da ya taɓa aiki da ita. Na ce na gode. Ya amince, da sharaɗi ɗaya: takardar Okka.

Na sayi kifi soyayye a burodi a bakin tashar jirgin ruwa, na ci a tsaye, mai yana bin hannuna. Ban taɓa cin abu mai daɗinsa ba.

Litinin, 24 ga Maris, ƙarfe biyar na yamma, a jirgin ƙasa

Na kai mata. Ta ba ni shayi, na sha uku, na sa cokali, sannan na buɗe kwamfuta. Ta sa hannu ta rufe.

"Ba zan kalla a nan ba."

"Okka, ai sai kin gani kafin ki sa hannu. Dokata ce."

"Zan gani. Ranar biyar ga wata, a Leer, tare da su. In sun ga abin da ya faru a ɗakin nan, ki kawo takardarki. In ba su gani ba, an nuna sau ɗaya, ya isa."

Na ce mata hakan na nufin in shiga silima da aikin shekara biyar a tafin hannunta. Ta ce, "Ni shekara talatin ɗina na sa a naki, kin ga abin da kika yi da su." Na mayar da kwamfutar cikin jaka. Da zan fita ta ce, "Ki kula da matakala, Marlies, da santsi."

Marlies ta ce.

Talata, 25 ga Maris, ƙarfe goma na safe

Lindenau ya yi ta ihu a waya. Na ajiye ta a kan tebur na ci gaba da feraye dankali, lokaci-lokaci in ce "haka ne". Da ya gaji ya ce lauyansu ya yarda a nuna a Leer tunda ita ta nema, amma talabijin sai da takarda. Sannan ya tambayi ƙarfe nawa jirgin Leer ke tashi.

Asabar, 29 ga Maris, da rana

In ta ƙi fa?

Litinin, 31 ga Maris, da yamma

Ba za ta ƙi ba. Na sayi jan takalmi. Mai tsoro ba ta sayen jan takalmi.

Alhamis, 3 ga Afrilu, ƙarfe uku

Tomke ta ce ƙauyen sun ɗauki shatar bas, kuma Gretje Boomgaarden ce ta fara rubuta suna. Ta ce gwaggonta ta kai baƙar rigarta wajen guga. Ta ce hular babanta har yanzu tana rataye a bayan ƙofa, ta kasa taɓa ta. Na sauya magana.

Asabar, 5 ga Afrilu, ƙarfe biyu na rana, Leer

Biro uku na sa a jaka, ko ɗaya zai ƙi rubutu. Takalmin yana matse ni.

Lahadi, 6 ga Afrilu, ƙarfe tara na safe

Silima ta cika maƙil tun kafin biyar. Mutanen gari da 'yan jarida a baya, mutanen ƙauye a gaba, duk sun sha ado kamar za su coci. Okka a layi na uku, Tomke a gefenta. Ni na tsaya jikin bango kusa da ƙofa, don ban taɓa iya zama a ranar farko ba. Lindenau ya tsaya kusa da ni yana cizon farce.

Sun yi dariya da Ubbo ya fito yana zagin tumakinsa. Wani ya ce da ƙarfi, "Shi ne, wallahi shi ne!" Aka yi masa shit. Sai Ubbo ya sa hula ya tsallaka titi, zauren ya yi tsit har ina jin ƙarar na'ura daga sama.

Dunƙulen sukari ya faɗa kofi. Aka zuba, aka sha. Ya ajiye kofin, na ga kawuna sun miƙe gaba ɗaya suna jiran cokali. Bai taɓa cokali ba. Okka ta sake ɗaga buta, wata murya a gaba ta ce a hankali, "Biyu." An yi ruwa da yawa bana. E. Agogo yana bugawa, ba wanda ya yi tari, ba wanda ya motsa. Da butar ta tashi karo na uku, murfin ya fara ƙara, hannun Ubbo ya shigo ya tallabi nata, na ji wani irin numfashi ya fita daga layukan gaba baki ɗaya. Wani dattijo ya cire hularsa. Lindenau ya kama hannun rigata bai san ya kama ba.

An yi tafi mai tsawo, an kira ni gaba, na hau da jan takalmina, na yi godiya, na nuna Rüdiger ya miƙe yana sunkuyar da kai. Duk wannan ina kallon layi na uku. Okka ba ta tafa ba. Da tafin ya lafa sai ta dafa kafaɗar Tomke ta miƙe, ta juya wa allon baya, ta fuskanci mutanen garinsu.

Ta ce, "Kun ƙirga?"

Sai dattijon nan mai hula a hannu ya ce, "Mun ƙirga, Okka. Uku ne."

"Gretje, ke fa?"

Gretje ta ce, "Uku," muryarta a can ƙasa.

Okka ta miƙo min hannu ba tare da ta dube ni ba. Na sauko na sa mata biro a hannu, ta dafa takardar a bayan Lindenau da ya sunkuya ya zama tebur, ta rubuta sunanta manya-manya. An gama. Fim ɗina ya rayu, zai shiga kowane gida ranar Asabar mai zuwa, kuma ina so a rubuta cewa har yau ba wanda ya taɓa ƙin sa wa Marlies Dettmering hannu.

Mutane suka fita cin kek a zauren waje, 'yan jarida suna jirana. Na ɗauki jaka zan bi su, sai na ga ta koma ta zauna a kujerarta ita kaɗai, jakarta a kan cinya.

Na ce, "Okka, ana jiranki a waje."

Ta ce, "Marlies, mutumin nan na sama zai iya mayar da wajen shayin?"

"Zai iya. Wani abu ne bai yi ba?"

"A'a. Ɗazu su nake kallo, in ga ko suna ƙirgawa. Shi ban samu na kalle shi ba."

Na hau sama da kaina na faɗa wa mai na'ura. Na sauko na kashe fitila, na cire takalmin, na zauna kujera biyu daga inda take. Ubbo ya sa hularsa ya tsallaka titi.